Malamin aji yana da ta cewa a manhaja, ko nasa bin sikim kawai?

Wata malama da ke riƙe da aji huɗu a firamaren gwamnati ta aiko da tambaya. Ta ce shekararta shida tana koyarwa, sau biyu ana kawo musu sabon sikim, wato jadawalin abin da za a koyar mako-mako, ba wanda ya taɓa tambayarta abin da ta gani a aji. Da ta gaya wa hedimasta cewa yaranta ba su kai ga darasin mako na biyar ba, sai ya ce mata, ke dai bi sikim, waɗanda suka rubuta shi sun fi mu sani. Shi ne take tambaya: shin malamin aji yana da hannu a tsara manhaja, ko dai ɗan aike ne, a ba shi saƙo ya kai?

Malama, sannu da aiki, Allah ya saka da alheri. Na fara riƙe alli da takardar shaidar malanta ta Giredi Tu, na yi aikin duba makarantu, daga baya na koma kwalejin ilimi ina bin ɗalibai zuwa inda suke gwajin koyarwa. Abin da shekarun nan suka nuna mini shi ne, hannunki yana cikin manhaja tsundum, kin sani ko ba ki sani ba. Kullum kika shiga aji kina yanke hukunci a kanta: wannan a fara da shi, wancan a jinkirta, wannan misalin yara ba za su gane shi ba, a kawo wani. Abin da babu shi ne hanyar da abin da kika gani zai bi ya koma wurin masu rubutawa. Hanyar saukowa an share ta, hanyar hawa ciyawa ta cinye.

Bari in fara da yadda abin yake saukowa, don malamai da yawa sun yi ritaya ba su taɓa riƙe ainihin manhajar a hannu ba. Hukumar da ke da alhakin rubuta ta a Najeriya ita ce NERDC, wadda aka kafa a 1988 ta hanyar haɗe wasu hukumomi huɗu, hedikwatarta tana Sheda a Abuja. Ita ke tara masana darasi daga jami'o'i da kwalejojin ilimi, da jami'an ma'aikatu, da hukumomin jarrabawa, da ƙungiyoyin malaman darussa, da wasu malaman aji. Daftarin da suka fitar yakan bi ta kwamitin tuntuɓa na JCCE, sannan ya je gaban Majalisar Ilimi ta Ƙasa, inda ministan ilimi yake zama da kwamishinonin jihohi. In sun amince, sai jihohi su ɗauka su yanka shi zango-zango, mako-mako. Wannan yankakken shi ne sikim. Daga SUBEB, hukumar ilimin bai-ɗaya ta jiha, ya zo ofishin sakataren ilimi na ƙaramar hukuma, daga nan ya zo teburin hedimasta, ke kuma ki fitar da lesin not, wato shirin darasinki na kullum, daga cikinsa.

In kin sami ainihin takardar, ki buɗe ki duba. Kowane batu yana da gurabe a jere: abin da ake so yaro ya iya yi bayan darasi, abin da darasin ya ƙunsa, aikin malami, aikin ɗalibi, kayan koyarwa, da yadda za a auna fahimta. Gurbin farko shi ne ran abin. Amma kafin ta iso gare ki an tace ta, an zubar da wannan gurbin, an bar miki sunan batu kawai da lambar mako. Wani sikim ɗin ma na kasuwa ne, ko kofin kofi da ya dushe. Shi ya sa malami yake ganin aikinsa shi ne ya taɓa batu ya wuce, alhali takardar da aka ciro batun daga cikinta cewa ta yi yaro ya iya.

Tarihin abin ma yana bayanki. A watan Satumba na 1969 aka yi babban taron manhaja na ƙasa a Legas, kuma abin da ya sa ake tunawa da shi har yau shi ne ba a bar wa masana kaɗai ba, an gayyato malamai da iyaye da 'yan kasuwa da malaman addini da sauran jama'a su faɗi irin ilimin da suke so wa 'ya'yansu. Daga nan aka bi har aka fitar da manufar ilimi ta ƙasa a 1977, wadda ta haifi tsarin 6-3-3-4 (shekara shida a firamare, uku a ƙaramar sakandare, uku a babba, huɗu a jami'a) da aka fara a 1982. Tunanin mai kyau ne: yaro ya gama ƙaramar sakandare hannunsa ya san guduma da zarto. Aka yi odar injuna daga ƙasashen waje don darasin fasaha. Ni da idona na ga akwatunan a wata makaranta, shekaru bayan an kawo su, an jingine a bayan ɗakin malamai, gara ta ci katakon, ba a taɓa buɗewa ba. Makarantar ba wuta, ba ɗakin aiki, malamin da aka ba darasin kuwa labarin ƙasa ya karanta. Yana zana zarto a allo yara suna kwafa. Da an tambayi hedimastoci goma kafin a sa hannu a takardar oda, da sun faɗi wannan a zama ɗaya. Ba a fafe gora ranar tafiya, amma mu sau da yawa sai an ƙaddamar da manhaja ake fara neman wanda zai koyar da ita.

Haka aka sake gani da manhajar shekara tara ta ilimin bai-ɗaya. An fara ta a 2008, aka ga darussa sun yi wa yara yawa, aka sake bitarta, sabuwar ta fara aiki a 2014. A takarda an rage yawan darussa, domin an cusa kimiyya da fasaha da motsa jiki da kwamfuta a ƙarƙashin suna ɗaya, an kuma haɗa addini da zamantakewa da ilimin zama ɗan ƙasa a wani sunan. A makaranta kuwa malamai huɗu ne dai suke shiga, kowa da littafinsa, sai a ƙarshen zango a zauna ana lissafin yadda za a raba maki ɗari a tsakaninsu. Jakar yaro ba ta ragu da ko littafi ɗaya ba. Haɗin da ya shafi addini ya jawo ce-ce-ku-ce har aka sake raba shi a 2017. Mai ɗaki shi ya san inda yake masa yoyo, kuma mai ɗakin nan ke ce.

Kada ki ɗauka malamai ba su taɓa riƙe alƙalamin ba. Ƙungiyar malaman kimiyya ta STAN, wadda aka kafa a 1957, ita ta zauna ta tsara darasin haɗaɗɗiyar kimiyya na ƙananan azuzuwan sakandare, ta rubuta littattafansa, aka daɗe ana amfani da su a faɗin ƙasar nan. A Ile-Ife, gwajin da Farfesa Babs Fafunwa ya jagoranta daga 1970, na koyar da yara da Yarabanci tsawon shekara shida na firamare, bai yiwu ba sai da aka zaunar da malaman aji tare da masana suna ƙirƙiro kalmomin lissafi da kimiyya, suna gwadawa a kan yara, suna dawowa su gyara. A nan Arewa, Cibiyar Ilimi ta Jami'ar Ahmadu Bello ta yi irin wannan a shekarun 1970 da shirinta na inganta firamare, inda masu horarwa suke bin malamai har makarantunsu. In kin ƙara komawa baya, wasu daga cikin waɗanda suka rubuta littattafan karatun Hausa na gasar 1933, irin su Abubakar Imam a Midil ta Katsina da Abubakar Tafawa Ɓalewa a Midil ta Bauci, malaman aji ne a lokacin. Sun san abin da ke riƙe hankalin yaro domin kullum suna gabansa.

Wani abu ma da nake yawan tuna wa ɗalibaina: mu ba baƙin wannan tunani ba ne. A makarantar allo akwai tsari sananne, daga babbaƙu zuwa farfaru har a kai ga sauka, a zaure kuma daga Ahalari zuwa Ishmawi, Iziyya, Risala. Tsarin ɗaya ne ga kowa. Amma ba kalanda ke cewa yaro ya wanke allo ba, malam ne, bayan ya saurari biyawarsa. In bai zauna ba, a sake. Boko tana da dalilinta na bin mako da zango, tunda yara ɗari ake kora tare, sai dai wannan hukunci na wanda ya saurara da kunnensa bai kamata a ƙwace shi gaba ɗaya ba.

Yanzu mu dawo ajinki. Zango a takarda kusan mako goma sha uku ne. Makon farko shara da rajista da jiran waɗanda ba su dawo ba. Biyun ƙarshe bita da jarrabawa. Ki cire hutun tsakiyar zango, ki cire ranar kasuwa a ƙauye, ki cire damina lokacin da rabin maza suna gona. In kin tsira da mako tara kin gode Allah. Sikim kuwa an rubuta shi kamar duk makonnin cikakku ne, kuma kamar duk yaron da ya shigo aji huɗu ya kammala aikin aji uku. Ke nan dole wani ya zaɓi abin da za a tsaya a kai da abin da za a bi ta kai da sauri. Wannan zaɓin tsara manhaja ne, kuma ba mai yin sa sai ke.

Na taɓa zuwa duba wata ɗalibata a wata makarantar ƙauye. Aji huɗu, kamar naki, yara sun haura tamanin, na gaba a kan tabarma, na baya a kan tagogi. Sikim ya ce makon nan rabawa mai tsawo. Ta rubuta 84 a raba 4 a allo, yara suka yi tsit. Maimakon ta ɗaga murya ta maimaita, sai ta ajiye alli ta ciro wata leda cike da tsinken tsintsiya, an ɗaure su goma-goma da zare. Ta kira yara huɗu gaba, ta ba wata yarinya ɗauri takwas da tsinke huɗu, ta ce raba musu, kada ki cuci kowa. Yarinyar ta ba kowa ɗauri biyu da tsinke ɗaya. Sai malamar ta canza, ta ba ta ɗauri bakwai da tsinke biyu, yara uku. Kowa ya sami biyu, ɗauri ɗaya ya rage a hannunta, ta tsaya tana kallonsa. Daga can baya wani yaro mai tallan rake ya ce, kwance shi mana! Aka kwance, tsinke ya zama goma sha biyu, kowa ya sami huɗu. Duk bayanin da aka yi da Hausa aka yi shi, sai da abin ya zauna ta rubuta shi da alamomi ta faɗi sunayensa na Turanci. Mako biyu ta yi a kan batun da aka ba mako ɗaya. Babu tsinken tsintsiya a sikim, babu kwance ɗauri, babu ƙarin mako. Amma abin da gurbin farko na manhaja ya nema, wato yaro ya iya raba lamba mai gida biyu, a ajin nan aka same shi.

To ga inda zuciyata take ɓaci. Da na buɗe dayarin ajin, littafin da ake rubuta abin da aka koyar kowane mako, sai na ga malamin da take aiki a ƙarƙashinsa ya riga ya cike shi daidai da sikim: mako na biyar kaza, an koyar, mako na shida kaza, an koyar. Ban ga laifinsa sosai ba, don mu masu dubawa mu muka koya musu haka. Shekarun da na yi ina zagaye, abin da nake fara yi shi ne in ɗora dayari a kan sikim in ga ko sun yi daidai, in sun yi in sa hannu da jan biro. Malamin da ya rubuta gaskiya, ya ce ban gama ba domin yara ba su iya ɗebewa ba, shi ke shan faɗa. Wanda ya kwafe sikim ya zuba a dayari shi ake yaba wa. Na daɗe kafin in gane ɓarnar da muke yi. Dayari shi ne kaɗai rahoton da ke fita daga aji a rubuce kowane mako. In duk dayarin jiha ya ce an koyar, an gama, mai bitar manhaja da ke zaune a ofis me zai gani da zai sa ya rage kaya? Sai ma ya ƙara.

Ko da an gayyaci malamai wurin bita, yadda ake gayyatar ma abin dubawa ne. Na zauna a wani taron bita inda malaman aji biyu ne kacal a cikin mutum kusan talatin, dukansu daga manyan makarantun birni. Farfesoshi suna magana, su suna rubutu. Da aka fita shan shayi sai ɗaya daga cikinsu ta ce mini a hankali, Malam, wannan batun ko a makarantarmu ba ya ƙarewa a mako uku. Na ce me ya hana ki faɗa a ciki? Ta ce ina ni ina magana a gaban waɗanda suka koyar da ni. Kunya da girmama na gaba tarbiyya ce mai kyau, amma a irin wannan zama yara ne suke biyan kuɗinta. Mai shirya taro na gari yakan ware malaman aji su zauna su kaɗai tukuna, su kawo littattafan yaransu a matsayin hujja, kuma ya tabbata akwai na ƙauye da na rugar makiyaya a ciki.

Hedimastanki kuma yana da tasa gaskiyar, kada ki raina ta. Manhaja ta ƙasa alkawari ce cewa yaron Gumel da yaron Gusau za su sami abu ɗaya, in iyaye sun yi ƙaura yaro ba zai ɓace ba, in an zo jarrabawar gama firamare ko ta WAEC da NECO a gaba, ba za a tambaye shi abin da malaminsa ya ga dama ya tsallake ba. Akwai malamin da zai fake da cewa yara ba su shirya ba, alhali shi ne bai iya batun ba. Ba a manta da jarrabawar da Jihar Kaduna ta yi wa malaman firamare a 2017 ba, inda sama da dubu 21 cikin kimanin dubu 33 suka kasa kai makin da aka gindaya. An yi ta jayayya a kan yadda aka gudanar da ita, amma duk wanda ya zagaya makarantu ya san akwai rauni. Saboda irin wannan ne shirye-shirye kamar Mu Karanta a Bauci da Sakkwato, da RANA a Katsina da Zamfara, suka ba malamai jagora mai darasi a rubuce daki-daki don koyar da karatun Hausa. Ni ina goyon bayan irin wannan jagora ga sabon malami da wanda bai sami horo ba, na ga yaran da suka fara haɗa baƙi ta dalilinsa. Abin da ban yarda da shi ba shi ne a mai da shi sarƙa har ga malamar da ta ƙware, a ce ba ta da ikon tsayawa ta maimaita alhali tana kallon idon yara ta san ba su tare da ita. Iyakar da nake koya wa ɗalibaina ita ce: inda za a je, na ƙasa ne, ba ki da ikon canza shi. Hanya da sauri da misali da harshen da za ki fara buɗe bayani da shi, waɗannan naki ne, kuma za a tambaye ki a kansu.

Abin da zai ba maganarki nauyi shi ne kada ta zama ta mutum ɗaya. A Jamhuriyar Nijar malaman makarantu maƙwabta suna da zaman da suke kira CAPED, inda suke haɗuwa su tattauna darussan da ke ba su wuya. A Japan malamai sukan shirya darasi ɗaya tare, ɗaya ya koyar, sauran su zauna a bayan aji suna kallon yara, sannan su gyara shi. Irin wannan tunani ne shirin SMASE ya shigo da shi Kaduna da Neja da Filato daga 2006 don lissafi da kimiyya. Ba ya buƙatar otal ko alawus. Ku malaman aji huɗu na makarantu uku ko huɗu da ke kusa, in kun zauna sau ɗaya a wata kuka gano cewa dukanku a mako na biyar kuke maƙalewa, kun sami abin da za ku rubuta a takarda ɗaya ku miƙa wa jami'in da ke duba ku da sakataren ilimi. Ki kuma shiga ƙungiyar malaman darasinki, don ta wannan ƙofar ake yawan ɗaukar waɗanda ke zama a teburin bita.

Kafin nan, ga abin da zan so ki yi a makon nan. Ki roƙi hedimasta ko ofishin ƙaramar hukuma su nuna miki ainihin manhajar darasin da kuka maƙale a kansa, ta aji huɗu zuwa shida, ki kwafe gurbin abin da ake so yaro ya iya. Ki ba yaranki tambaya biyar gajeru a kan abin da darasin mako na biyar ya dogara a kai, ki ƙirga nawa suka ci. Sannan ki sami hedimasta shi kaɗai a ofis, ba a gaban malamai ba, ki gaishe shi, ki ajiye masa takardun yaran. Ki ce, ranka ya daɗe, ga abin da na samu, ina neman izini in ƙara mako ɗaya a nan, zan haɗe mako na takwas da na tara tunda batunsu ɗaya ne, kafin jarrabawa mun cim ma sikim. Da wuya shugaba ya ƙi wanda ya zo masa da lissafi da kuma hanyar cike giɓi, don abin da yake tsoro shi ne mai dubawa ya zo ya ga rami.

Ranar Juma'a kuma, in kin zo cike dayari, ki rubuta abin da ya faru: batun da kika koyar, yara nawa cikin nawa suka iya, abin da ya hana sauran, da ranar da za ki koma kansa. Ki kwafi abin da kika rubuta ki ajiye a jakarki. In zango ya ƙare ki ɗauki jan biro ki bi sikim ɗinki mako-mako, ki sa alama inda ya yi daidai da inda ya yi tsalle, ki kai shi zaman ku na farko da sauran malaman aji huɗu.